Jikar Hajiya da Aljannar da Aka Karanto ta Baya

Hajiya taubashiya, 'yar gidan kawu, barka da arziki. Na ji an sami ƙaruwa a Amurka, ɗanki ya yi miki takwara. Allah ya raya ta, ya ba ta halin uwarta, ya tsare ta daga rowar kakarta. Labarin ma a bakin mata na tsinta, don kin san in kika faɗa min da kanki sai kin aiko da kason naman suna. Aka yanka rago a gidanki, aka soye shi tas, ko ƙashin wuya ban gani ba. To na yafe naman. Abin da ba zan yafe ba shi ne saƙon muryar da kika saka a zauren WhatsApp na dangi.

Minti huɗu da daƙiƙa goma sha kina bayani. Kika ce sunan yankan yarinya naki ne, amma lakabin da uwarta ta zaɓa mata, wanda ake rubutawa Nevaeh, wai Larabci ne mai zurfi, irin na mutanen Sham, wanda sai malamin da ya sha karatu yake sanin fassararsa. Da wata ƙanwarmu ta matsa miki da tambaya kika ce yana nufin haske. Da ta sake tambaya washegari kika ce turare. Hajiya, ke da kika bar makarantar allo da an kai ki izu biyu, don kawai an aike ki talla kin gano hanyar kasuwa ta fi daɗi, yaushe kika zama mai fassara Larabcin Sham?

Zauna ki ji. Sunan jikarki ko ƙofar Larabci bai taɓa bi ba. Turanci ne, kuma Turancin ma an kifa shi. Kalmar da Turawa suke kiran aljanna da ita, wato heaven, ita aka ɗauka aka karanto daga harafin ƙarshe zuwa na farko. Sa jikanki na firamare ya rubuta miki a takarda, ki sa yatsa a ƙarshe ki taho baya, za ki ga abin da idonki. In kina neman abin kare kai, abu ɗaya ne zan ba ki kyauta: daga dama zuwa hagu ake karanto shi kafin ma'anar ta fito, kamar dai rubutun allo. Iyakar dangantakarsa da Larabci ke nan, ki riƙe ta da kyau.

Kuma sunan yaro ne ƙarami, ɗan autanki ma ya girme shi. Akwai hukumar da ke kula da harkar fansho da lambar shaidar 'yan ƙasa a Amurka, ita take tattara sunayen jarirai, kuma lissafinta ya koma har 1880. A lissafin nan, 'ya'ya mata 8 kacal aka raɗa wa wannan suna a duk faɗin ƙasar a 1999. Sai a 2000 wani mawaƙi mai suna Sonny Sandoval, na ƙungiyar P.O.D. ta birnin San Diego, masu kiɗan nan mai ƙarar da zai sa ki nemi maganin ciwon kai, ya fito a wani shirin tashar MTV da ake zagayawa da 'yan kallo cikin gidajen taurari. Ya ɗauko jaririyarsa ya nuna, ya faɗi sunanta, ya ce aljanna ce aka juyo. Shi ke nan, kamar an cinna wa busasshiyar ciyawa ashana. A shekarar aka sami 86. A 2001 suka zama 1,191. A 2005 suka kai 4,457, sunan ya hau mataki na 70 a jerin sunayen mata, ya wuce irin su Sara da Amanda da aka gada kaka da kakanni. A 2010 yana mataki na 25. Daga nan ya fara gangarowa a hankali, kamar yadda ɗaurin ɗankwalin da kike taƙama da shi lokacin 'yanmatancinki ya gangaro. Kin ga ke nan surukarki ma a makare ta iso kasuwar, an fara kwashe rumfuna.

Kada ki ɗauka a can ma kowa ya yi na'am da shi. A 2011 wata mai bin diddigin sunaye, Laura Wattenberg, ta tattara sunayen da mutane suke yawan cewa ba sa so a hirarrakinsu na intanet, sai ga na jikarki a kan gaba cikin na mata. Masu tsiya a can har tambaya suke yi, wai in aka juya aljanna me ake samu? Ni ba zan ba da amsa ba, ina da ladabi, kuma yarinya ba ta yi min laifin komai ba. Kakarta ce ta cinye min nama.

Abin da ya fi ba ni dariya shi ne mu ma mun san wannan wasan, ba mu dai taɓa tunanin a yanka masa rago ba. Kin tuna zaurance? Ke da ƙawayenki kuna murɗe magana, kuna jujjuya gaɓoɓi, don ku zage ni a gabana ban gane ba, alhali ina ji sarai. To abin da kuke yi a dandali da dare shi Ba'amurke ya yi da rana tsaka, ya kai ofishin rajistar haihuwa aka buga masa hatimi. Na gwada nawa da biro. In aka juyo Aljanna a rubutun boko, Annajla take fitowa, kuma wallahi ta fi kama da Larabcin Sham ɗin da kike nema, tunda Larabawa suna da Najla, mai manyan idanu. Da na juyo naki kuwa, wato Talatu, Utalat na samu. Ki faɗa da ƙarfi ki ji. Kamar sunan ƙwayar hawan jini.

Sannan in aljannar ake so, me ya kai mu hawa ta katanga alhali ƙofa a buɗe take? Gidanmu cike yake da Firdausi, sunan mafi ɗaukakar aljanna. Akwai Kausar, ƙoramar can. Akwai Tasnim da Salsabil, maɓuɓɓugan can. Akwai Afnan, rassan itatuwan can, wanda yanzu in ka kira shi a ƙofar makarantar Islamiyya sai yara biyar sun waiwayo. Mun raba aljanna kashi-kashi mun raɗa wa 'ya'yanmu, kowa da nasa yanki, duk ta gaba muka shiga.

Turawa kuwa sun daɗe suna ƙera suna kamar maƙeri da lauje. Vanessa da ake ji kamar tsohon suna, marubucin nan na ƙasar Ayalan, Jonathan Swift, shi ya haɗa shi. Ya yanko farkon sunan gidan wata ɗalibarsa, Esther Vanhomrigh, ya liƙa masa guntun sunanta, ya saka a wata waƙa da aka buga a 1726. Madison kuma labarinsa zai fi burge ki, ke mai son tatsuniya. A wani fim na 1984 mai suna Splash, wata 'yar ruwa ta fito tudu a birnin New York, aka tambaye ta sunanta, ta duba allon wani titi ta ɗauki abin da aka rubuta. A fim ɗin ma abin dariya aka mai da shi, don sunan dangi ne, na shugaban Amurka na huɗu. Amma zuwa 2001 shi ne na biyu a sunayen 'ya'ya mata a ƙasar. 'Yar ruwa, Hajiya! Mu nan in aka ce 'yar ruwa ta taɓa yarinya, hayaƙi ake nema da rubutu. Su takwara suke yi mata.

Waɗanda suka fi ba ni tausayi su ne iyayen Khaleesi. Wannan ba ma suna ba ne, sarauta ce da marubuci George R. R. Martin ya ƙirƙira a littafinsa, aka mai da shi fim mai dogon zango daga 2011. Iyaye suka ga jarumar da ke riƙe da sarautar tana 'yanta bayi, suka yi ta raɗa wa 'ya'yansu. Sai a 2019, a zangon ƙarshe, baiwar Allah ta hau dodonta ta ƙone gari guda da mutanen ciki. Rago dai an riga an cinye. Shi ya sa in za ka yi wa ɗan fim takwara, ka bari a nuna ƙarshen fim.

To yanzu bari in juyo kanki, don na ji labarin cewa bayan kin gama fankama a zaure, a ɗaki kuma mita kike yi, wai 'ya'yan zamani sun lalata suna. A nan ni ina bayan surukarki. Laifin wa? An sa wa yarinya sunanki, ita kuma 'yar mutunci ce, ba za ta buɗe baki ta kira sunan uwar mijinta gatsal ba, ko da kuwa teku ta raba ku. Alkunyar da iyayenmu suka koya mana ita ta bi. Dole ta nemi lakabi. Ummi da Mami da Walida da Hajiya Ƙarama duk jikokinki na gida sun kwashe, saboda 'ya'yanki sun mai da yi miki takwara kamar biyan haraji. Ta duba abin da ke kusa da ita a ƙasar da take zaune, ta ɗauka.

Kuma ke har kina da bakin cewa an ƙirƙiri suna? An haife ki ranar Talata aka ce Talatu. Wane littafi aka buɗe? Kalanda kawai aka duba, ita ma ba ta bango ba, ta ka. Da kin yi jinkirin kwana ɗaya da Laraba kike. Iyayenmu duk abin da suka tarar a tsakar gida ranar haihuwa shi suke liƙa wa yaro. Ana tsuga ruwa, Marka. Ana azumi, Azumi. An tashi da salla, Tasalla. Mace ta biyo bayan maza, Kande ko Delu. An bi tagwaye, Gambo. Yatsa shida, Cindo. Wadda kuma 'ya'ya suke ta mutuwa a hannunta sai ta ce wa nata Ajuji ko Ayashe, ta nuna kamar ba ta damu da ita ba, ko mutuwa ta raina ta ta wuce. Uwar da ta ce Ajuji da uwar da ta ce Nevaeh duk son 'yarsu ne ya sa su. Ta farko tsoro ya sa ta ɓoye son a ƙarƙashin shara, ta biyu kuma ta ɓoye shi a cikin haruffa don duk wanda ya tambaya ta sami abin ba shi labari.

Ni a ganina nan ne daɗin sunan yake, a wurin masu sonsa. Yana da laushi a baki, yana ƙarewa da wasalin da sunayen mata suka saba ƙarewa da shi, ba na kakar kowa ba ne balle a ce an yi son kai, sannan yana ɗauke da ɗan sirri da uwa za ta warware tana murmushi. Illarsa ita ce sirrin da mutum dubu huɗu suka sani a shekara guda ya tashi daga sirri. Sunayenmu na da kuwa, in ka ji su ka ji tarihin gida: ka san damina ce ko rani, ka san wa ya riga wa, ka san an sha kuka kafin a same ta. Na jikarki abin da yake gaya min shi ne uwarta tana da intanet.

Amma duk wannan ba shi ne ya sa na ɗauki biro ba. Na saurari saƙon naki sau uku, kuma na lura da yadda kike furta sunan. Su can cewa suke Nabeya, da wani harafi a tsakiya da ake cije leɓen ƙasa, wanda babu shi a Hausa, kuma ko da akwai shi haƙoran da za ki cije leɓen da su goro ya gama da su. Bakinmu dama ba ya barin baƙon suna ya kwana da rigarsa. Khadija ta zo ta koma Dije, A'isha ta koma Indo, Maryam ta zama Mairo, Hauwa'u ta zama Kulu, Zainab ta zama Abu. Waɗannan ma da suka zo da daraja haka muka yi musu, balle ɗan kwanan nan. Ke kuma sau bakwai kika ambaci jikarki a saƙon, na ƙirga, kuma duk sau bakwai ɗin cewa kika yi Nabaya.

Na baya, Hajiya. Kin yi ta laluben fassara a Sham, kin ce haske, kin ce turare, ashe tun furucin farko harshenki ya fassara shi daidai ba ki sani ba. Suna ne da ake karantowa ta baya, kika kira shi Na-baya. Gyara ɗaya kawai zan yi miki, tunda mace ce Ta-baya za ki ce. Na riga na sanar da yaran gidana, kuma kin san bakinsu, kafin ta zo hutun farko sunan ya zaga dangi.

In kina so in janye, hanya ɗaya ce. Watan cika-ciki na tafe, kuma kuɗin sharata na shekara uku suna wuyanki. Ki haɗa da ƙafar rago ɗaya ta baya ki aiko. Tunda ɗanki a Amurka yake, bana ba na karɓar naira.