Zuwa ga Ɗan Kawuna, Ba'amurken Magami

Ɗan kawu, labari ya iske ni a Gusau cewa yanzu ba ka amsa sunan tela, sai an ce maka dizaina. Madalla. Keken dai shi ne Butterfly ɗin da kawu ke ɗinka kayan Sallah da shi tun kafin a ba mu jihar Zamfara a 1996, amma mai keken ya samu ƙarin girma.

Na kuma ga hoton da ka saka a Facebook: wandon jins na gwanjo a yage a gwiwa, baƙin tabarau, hannu a haɓa, ka rubuta wai salon Amurka. Goggonka da ta gani salati ta yi, ta ce a yi karo-karo a saya wa ɗan ƙanenta wando, kada a ce dangi sun yar da shi.

To zauna in karanta maka tarihin mutanen naka, tunda kai hoto kawai ka sani. Wandon nan na leburori ne. Wani tela, Jacob Davis, da ɗan kasuwa Levi Strauss suka yi masa rajista a 1873, suka buga masa ƙusoshin tagulla a bakin aljihu don kada ya yage wa masu aikin ƙarfi. Ka ji? Don kada ya yage. Kai kuma ka biya kuɗi ka sayi yagagge. Sai da 'yan fim irin su Marlon Brando a 1953 da James Dean a 1955 suka saka shi samari suka ɗauke shi abin gayu. Shuɗin da kake taƙama da shi ma na baba ne, wanda marina Ƙofar Mata a Kano suka shekara ɗaruruwa suna tsoma hannu a ciki.

Abin da zai fi yi maka ciwo shi ne su kansu Amurkawan 'yan kwaikwayo ne a da. Faris ke yanka, su bi sawu. Sai da sojojin Hitler suka mamaye Faris a 1940, hanya ta toshe, sannan suka waiwayi gida. A 1942 Claire McCardell ta ɗinka wa matan gida rigar aiki da yadin jins, da ƙaton aljihu, kuɗinta bai kai dala 7 ba, aka yi ta rububinta. Wato sun yi suna ne ranar da suka daina leƙen tukunyar maƙwabci, kai kuma yau ka fara leƙen tasu.

Hoto kuwa, a nan suka fi mu wayo, wannan na yarda. A 1955 Richard Avedon ya tsayar da wata mai tallan kaya, Dovima, tsakanin giwaye cikin rigar Dior, har yau ana zancen hoton. Kai da ka tashi naka, akuyar maƙwabta ce ta leƙo ta gefen labule, kuma gaskiya ta fi ka iya tsayuwa.

Kana zaune a ƙasar da jirgin ƙasa ya riƙa kwasar audugarta tun wajen 1929, ƙasar gidan gurza da masaƙar Gusau, ko da yake masaƙar ta daɗe da yin shiru, wannan kuma kukan wata rana ne. Kawu ya iya aska takwas a wuyan babbar riga, aikin da kan cinye wa mutum watanni da allura. Kai aljihun kaftani ma sai ka ɗora shi a karkace ka ce sabon yayi ne.

Sallar nan ka ɗinka riga 'yar gaske, ka kafa hula, ka nemi mai hoton da ya san haske, a kore akuya. Kuɗin 'yar sharata na bara kuma suna nan a kanka, kuma ba na karɓar gwanjo a madadinsu.