Yadda Ɗan Manga Zai Shiga Kwatar Yawuri Ba a Gane Baƙo Ne Ba

Ɗan'uwa, kai da ka tashi a Manga cikin duwatsun ƙasar Zuru, babu mai koya maka noman dawa. Amma ranar da hidima ta kai ka Yelwan Yawuri, bakin kogin Kwara, gyara kunnenka, don Hausar can da ruwa ake jiƙa ta.

In aka ce a haɗu a kwata, kada ka tafi neman mahauta. Kwata a nan ita ce inda jirage ke tsayawa, a yi lodi, a sauke kifi da buhuna. In yaro ya tare ka ya ce fito, kada ka tsuke baki ka hura masa, kuɗin ƙetarawa yake nema. Biya shi, sannan ka tambayi inda Sarkin Ruwa yake ka gaishe shi da "ranka ya daɗe". Wannan gaisuwa kaɗai ta rage maka rabin baƙunta.

Ka kuma san jirginka. Ƙaramin da ake tuƙawa da filafili shi ne kwalekwale, babba mai inji kuwa shi ke kwasar 'yan kasuwa da babura har da shanu. Da kun tashi, in matuƙi ya miƙo maka kwano, ba fura za a zubo ba. Kwalfe ruwan da ya taru a ƙarƙashin ƙafafunku, kuma ka yi da zuciya ɗaya. Hannun da ya yi noman golmo, wato noman neman aure, ba zai kasa wannan ba.

Za ka ji ana ta maganar Rigata. Bar taɓa wuyan rigarka, babu wanda ya ɗauke ta. Bikin tseren jirage ne na Yawuri.

Kalmar da nake so ka riƙe da kyau ita ce kututture. Da aka gama madatsar Kainji a 1968, ruwa ya cinye gungu da yawa, wato tsibiran da Gungawa ke zaune a kai, aka tashe su zuwa sababbin ƙauyuka. Itatuwan da ruwan ya binne suna nan a ƙasa, suna fasa jirgi, musamman da dare. Saboda haka in ka ji matuƙi ya yi tsawa ya ce kututture, ka zauna daram, kada ka miƙe leƙe.

A watan Mayun 2021 jirgin da ya nufi Wara a ƙaramar hukumar Ngaski ya tsage da lodi a tsakiyar ruwa, mutane da yawa ba su koma gida ba. Shi ya sa nake roƙonka, in ka ga gefen jirgi ya kusa shafar ruwa ana kuma cewa saura mutum ɗaya, ka ce kai na gaba kake jira. Nemi rigar ruwa ka ɗaura ta har wuya, ko da Basarke masuncin da ke kusa da kai zai yi maka dariya. Shi ya iya iyo tun yana goye, kai kuwa rafin Manga ka sani.