Tsakanin sulusi da rabi akwai 'yan haya

Na san wasunku sun riga sun taɓe baki. Alhaji mai awon gero a kasuwar Magariya zai ce tiya da rabin tiya ba su taɓa ba shi kunya ba. Malamin zaure a Dungas, wanda ke raba gado da sudusi da sumuni ba ya ko duba takarda, zai gyara zama ya ce wace lamba ce kuma ɗan lakol zai nuna masa?

To Malam, Allah ya gafarta, ba ni lamba ɗaya tsakanin 1/3 da 1/2. Ka ce 5/12? Madalla, ta shiga. Amma ita ma kaso ce, lamba a sama lamba a ƙasa. Ni wadda nake nema ita ce wadda ba ta rubutuwa haka ko da za a kwana ana gwadawa. 'Yan kolej na ce mata irasiyonel, ni kuwa gagararriya nake kiranta.

Ga yadda ake kama ta. Raba 5 da 12, za ka sami 0,41666, shida na bin shida har abada. Kowane kaso haka yake: ko rabon ya ƙare, ko ya shiga maimaici. Dalili kuwa a fili yake. In kana rabawa da 7, ragowar da za ta iya fitowa daga 0 zuwa 6 ce kawai, dole wata ta dawo, in ta dawo kuwa duk abin da ya biyo ta a baya zai sake biyo ta. Shi ya sa 1/7 ke ta nanata 142857 kamar mai tallan fura.

Saboda haka sai mu gina wadda ba ta maimaici. Sulusi 0,333 ne da 'yan kai, rabi 0,5. Fara da 0,4 don ka tabbata kana tsakiya, sannan ka ci gaba: 0,4040040004, kowane zagaye ka ƙara sifili ɗaya kafin huɗu ta dawo. Ba ta ƙarewa, ba ta nanatawa, don haka babu kason da zai ɗauke ta.

Ina jin Alhaji na cewa wannan ai sakin baki ne, na ƙirƙiro abata. To a kira magini. Ya shata murabba'i mai mita ɗaya kowane gefe, ya ja igiya daga kusurwa zuwa kusurwa. Tsawonta 1,41421 da ci gaba, wato tushen murabba'in 2. Cire mita ɗaya, saura 0,41421, ga ta zaune tsakanin sulusi da rabi. Mutanen Babila, a ƙasar Iraki ta yau, sun rubuta kimar lambar nan ta tushen murabba'in 2 a allon yumɓu fiye da shekara 3500 da suka wuce, daga baya Girkawa suka kafa hujjar cewa ba kaso ba ce.

Kai kuma ɗan ajin BEPC da ke ɗaga hannu kana cewa mushe ya ce π ita ce 22/7, sauke hannunka. Kusa da ita ce kawai, kuma masanin lissafi Lambert ya tabbatar tun 1761 cewa π gagararriya ce. Raba ta da 8 ma, 0,3926 da saura, ita ma ta kama ɗaki a gidan nan.

Ku matse tazarar yadda kuka ga dama, 41/100 da 42/100, ko ƙasa da haka, dabarar sifilin nan za ta shiga. Wani masanin lissafi Cantor ma a 1874 ya nuna gagararrun sun fi kason yawa nesa ba kusa ba.

Yanzu ku nemo min guda tsakanin 5/7 da 3/4. Wanda ya rubuta 0,72 ya ajiye alƙalami, shi zai biya kuɗin shayi.