Wai gulmar masu kuɗi ce?

Ka ce me? Wai duk mai karanta littafi kan manyan gidajen Ingila, yadda suke aure da yadda suke jera cokula a teburi, aikin yi ne ya rasa? Haba malam! Kai da ka san yawan akwatunan lefen kowace amarya da aka kai gidan sarauta a garinku, yau kai ne mai ƙyamar gulma?

To, gulma ce, na yarda, amma mai lissafi ce. Buɗe littafin David Cannadine na 1990 kan faɗuwar masu sarautar Birtaniya. A shekarun 1870, mutane wajen 7,000 ne ke riƙe da kashi huɗu cikin biyar na filayen ƙasar. Ka ce kwazo ne? Ina fa! Gado ne, kuma babban ɗa ke kwashe gida da gona da sarauta, ƙannensa su nufi soja ko coci, 'yan mata su jira miji. Gwada wannan rabon a gidanku ka ga ko za ka kwana lafiya.

Sai alkama mai araha ta fara kwararowa daga Amurka, kuɗin hayar gona ya faɗi, a 1894 kuma gwamnati ta ɗora haraji a kan dukiyar mamaci. Ka ce ai masu girma ne, ba sa tallar kansu? Sun yi, da kwat da hula. A 1895 Duke na Marlborough ya auri Consuelo Vanderbilt, 'yar gidan attajiran jirgin ƙasa na Amurka, ta shigo da hannun jari na dala miliyan 2.5, aka samu na gyaran fadarsa ta Blenheim. Soyayya? Ita da kanta ta rubuta cewa uwarta ce ta tilasta mata, kuma auren ya mutu a 1921. Ashe auren dole ba a ƙauyenku aka ƙirƙiro shi ba.

Ka ce ban da talaka a cikin littattafan? Yana nan, ta ƙofar baya. Mark Girouard, a littafinsa na 1978 kan rayuwa a waɗannan gidaje, ya nuna yadda tun ƙarni na 17 aka fara gina wa barori matakala dabam, don kada maigida yana hawa ya yi kiciɓis da fo ɗinsa na daren jiya ana saukowa da shi. Girman nan da kake hange, wata baiwar Allah ce ke ɗauke masa wari tun asuba.

Yanzu ka ce duk ya wuce? Sai a 1999 aka sallami yawancin masu kujerar gado daga majalisar dattawan Birtaniya, kuma ko a lokacin an bar 92. Ka nemo littafin Cannadine ka karanta, sannan ka dawo mu yi musun da tushe.