Masu Tara Littattafan Jarumai a Babura, Kowa da Irin Tasa

Kafin littafin zane na katun ko na yaƙi ya iso Babura, sai ya sha tafiya daga Kano ta hanyar Kunya, shi ya sa masu tara su ba su da yawa. Amma 'yan kaɗan ɗin nan sun isa su hana majalisa tashi da wuri. Ga su ɗaya bayan ɗaya.

Na farko shi ne Malam Na-Da-Ya-Fi. Yana ɗan firamare ya kalli Voltron a NTA ta tagar maƙwabta, lokacin da zakunan ƙarfe biyar ke haɗuwa su zama ƙato guda. Da Netflix ta sabunta shirin a 2016, aka kuma buga masa littattafan zane, sai ya ji kamar gonar gado aka sayar ba da saninsa ba. Duk da haka ba fitowar da ta wuce shi, don ya samu abin kushewa. Zai buɗe shafi ya dungure shi da yatsa: "Wannan ne zakin? Ai kyanwar Lami ce!"

Na biyu Alhaji Leda. Kowane littafi da ledarsa, kowace leda a cikin akwatin ƙarfe, mabuɗin kuwa a lalita. Abokan gabarsa uku ne: gara, yayyon damina, da 'ya'yan ƙanwarsa. Ya san shekarar da aka buga kowanne da nawa ya saye shi. Ka tambaye shi yadda labarin ya ƙare, sai ya ce maka karatu yana karya bango.

Na uku Mai Neman Na Uku. Shi littattafan yaƙi na Abdul'aziz Sani Madakin Gini yake bi, masu zuwa kashi-kashi. Yana da na ɗaya, da na biyu, da na huɗu. Tun bara jaruminsa ke tsaye a bakin kogon aljani da takobi a zare, ba a shiga ba, ba a fasa ba. Duk direban da zai tashi Kano sai ya riƙe masa ƙofa: "Don Allah yayana, in ka biya Sabon Gari ka duba min." Direba kuma, cikin ikon Allah, ya sake kawo masa na biyu.

Na huɗu Ba-Ni-In-Gani. Bai taɓa sayen ko ƙyallen takarda ba, amma ɗakinsa ya fi na kowa cika. "Gobe-goben nan zan maido," in ji shi, sai bayan sallar layya ka ga littafin, ba bango, ga tabon manja, shafin ƙarshe kuma yana wajen mai ƙosai.

Na biyar Ɗan Memori. Takarda a wurinsa kayan mutanen da ne. Kullum yana shagon caji ana tura masa ta Xender: Ben 10 na 2005, da sabon na 2016, da abin da shi kansa bai san sunansa ba. Ran da memorin ya ƙi buɗewa, har gaisuwa aka riƙa zuwa yi masa.

Na ƙarshe ba shi da akwati, ba shi da waya. Yaro ne da ya tsinci yagaggen Iliya Ɗan Maiƙarfi, ya tara ƙannensa a soro yana karanta musu, inda shafi ya ɓace ya cike da nasa. A cikin su shida, shi kaɗai ne ke cin moriyar abin.

Saboda haka, Alhaji Leda, a buɗe akwati yara su karanta. Kai kuma Ba-Ni-In-Gani, ka ji tsoron Allah ka maido wa bawan Allah na ukunsa.