Makulli yana wurin yaro

An ce wasu majema a Gamkalley, can bakin kogi inda warin jima ke riga mutum sallama, sun kafa asusu a tsakaninsu don sayen bagaruwa da gyaran ramuka. Suka naɗa ma'aji, mutum mai ƙwazo. Ka yi lattin zubi da kwana biyu, kafin hantsi ya aiko an kwashe fatun da ka shanya.

Wata rana ya karɓi zubi sau biyu a hannun wani dattijo, jika 30 ta yi tafiya. Dattijo ya kai ƙara gaban manyan sana'a. Aka duba littafi, aka ga kuskure ƙuru-ƙuru, aka ce a mayar masa da kuɗinsa.

Ma'aji bai yi musu ba. Ya durƙusa ya ce, "Ranku ya daɗe, na ji, na karɓa." Wannan ita ce gwanintarsa: bai taɓa cewa a'a ba.

Ran Litinin ya ce makullin asusu yana wurin yaro. Ran Alhamis yaro ya tafi Dosso biki. Da yaro ya dawo, sai ga shi ambaliyar 2020 ta jiƙa shafin da aka rubuta hukuncin, ko da yake shafin masu bashi, ikon Allah, ko ɗigo bai taɓa shi ba. Dattijo ya ce, "To ɗana, cire min a zubin watan gobe mana." Ma'aji ya ce, "Haba Baba, ai wancan lissafi daban, wannan daban. Biya na gobe tukuna, naka yana hanya." Dattijo ya nemi a riƙe babur ɗin ma'aji, kamar yadda ake riƙe fatun kowa. Aka ce babur na ƙungiya ne, ba a taɓawa. (Dokar OHADA ma haka ta kare dukiyar gwamnati daga ƙwace, amma ni labarin majema nake yi, ba ruwana da masu karɓar lanho.)

Da dare a majalisar shayi, wani tsohon malamin makaranta ya kawo zancen 2008, lokacin da kotun CEDEAO ta ce Nijar ta biya Hadijatou Mani sefa miliyan 10 don ta kasa kare ta daga bauta. Gwamnatin Tandja ta biya, ba abin da ya ragu a jikinta. Ya ce gwamnatin nan ce dai a watan Yunin 2009, da kotun tsarin mulki ta hana ƙuri'ar tazarce, ta rushe kotun. Ya kurɓi shayi, ya ce wa ke tuna juyin mulkin da ya biyo baya ran 18 ga Fabrairun 2010? Ma'aji ya ce shi siyasa ba ta dame shi ba.

Majema ba su yi faɗa ba. Mai fata ɗari ya fara cewa sittin ya jeme. Mai sittin ya koma shanya a bayan gidan surukinsa. Asusu ya rame.

Abin ya ɓata wa ma'aji rai ƙwarai. Ya kira taron gangami a kan yadda mutanen yanzu ba sa girmama doka, ya aika wa manyan sana'a goro su zo su shugabanta. Biyu suka ce ƙafa na ciwo, ɗaya ya tafi Dosso. Hayar rumfa da kujeru da lasifika ta ci jika 45, ma'aji ya biya nan take daga asusu.