Jama'ar Kango

Ranar da mutumin Kano ya biya kuɗin fuloti a Janguza ko Danbare ko bayan Rijiyar Zaki, a daren yake ɗauko biro da takarda. Bulo kaza, siminti kaza, rodi kaza, kwano bandir kaza. Ya ja layi a ƙasa, ya dubi uwargida ya ce, "In Allah ya yarda, kafin babbar Sallah mun tare." Ba ya faɗin Sallar wace shekara. Kuma a duk lissafin nan babu inda ya rubuta mutane, alhali su ne za su cinye masa kuɗi da takalmi da barci. Ga su nan bi da bi, yadda suke bayyana a bakin kango.

Dillalin fili

Shi ne mai tarbar baƙo. Yana tsaye a tsakiyar gona, karan dawa har ƙugu, yana nuni da makullin babur. "Alhaji, ka ga wancan dogon yaron? Daga nan har wancan dutsen naka ne. Kwalta nan za ta biyo, an riga an yi awo." A bakinsa fulotin ƙafa 50 ne da 100. In aka shimfiɗa tef sai a tarar ƙafa uku sun yi ƙaura zuwa filin maƙwabci, wanda shi ma wannan dillalin ne ya sayar masa.

Maganar takardu ba ta yi masa daɗi. Dokar filaye ta 1978 ta damƙa ƙasar birni a hannun gwamna, don haka takardar mai unguwa da shaidu uku ba ita ce takardar mallaka ba. Akwai zirga-zirga zuwa KANGIS, akwai izinin gini daga KNUPDA. Amsarsa ɗaya ce: "Wannan ai duk daga baya ne." Tun bayan rusau ɗin da aka yi a Kano a watan Yunin 2023 masu saye sun koyi tambaya, shi kuma ya koyi kashe waya ranar da aka wayi gari da jan fenti a jikin katanga.

Injiniya

Ba wanda COREN ta yi wa rajista ake nufi ba. Wannan da kwanon sarki ya fara, ya zama birkila, wata rana ya sayi hular kwano ruwan ɗorawa da tef mai mita biyar, daga nan sunan ya bi shi. In aka miƙa masa zanen gida, yakan buɗe, ya juya shi sama ya koma ƙasa, ya gyaɗa kai, ya naɗe ya cusa a ƙarƙashin kujerar babur. Nan zanen zai zauna har a yi rufi.

Yana da raini na musamman ga abin da ke rubuce. Inda mai zane ya ce rodi mai 16, shi cewa yake, "'Yan boko ne da tsoro, Alhaji. Mai 12 ma ya ɗauka." Kwaɓin kankare da aka saba, siminti ɗaya, yashi biyu, tsakuwa huɗu, a wurinsa shawara ce kawai, domin shi da ido yake awo. Kankare na bukatar kwana 28 kafin ya kai cikakken ƙarfinsa, amma shi a kwana goma yake son zare katakon da ke tallafe da dakin, saboda akwai wani aikin a Kumbotso da ke jiran katakon. A nan ne kaɗai dariya ke tsayawa. Kanawan da suka ga benen da ake ginawa ya rufta a kasuwar waya ta titin Beirut a watan Agustan 2022, har aka rasa rayuka, sun daina ɗaukar zancen rodi da wasa.

Malam Gobe

Birkila ne, kuma ya iya aiki. Wannan ce ma matsalar. In yana ba da labarin gine-ginensa sai a rantse jikan Babban Gwani Muhammadu Durugu ne, wanda ya gina masallacin Juma'a na Zariya a ƙarni na 19. Saboda iyawar nan ya karɓi kafin alƙalami a wuri uku, kuma jikinsa ɗaya ne. Litinin yana nan, Talata ya bar cokalin gininsa da tsohuwar rigarsa a kan bulo don su wakilce shi, Laraba wayarsa na hannun yaro. In an same shi, "Gobe da sassafe, in sha Allahu." Kakarsa ta wajen uwa ta rasu sau uku tsakanin fandisho da linta.

Yana da gudu iri biyu. In kuɗin yini aka yi da shi, kowane bulo sai an dube shi, an shafa, an ja baya an sake dubawa, a tafi sallar azahar a dawo da la'asar. In jinga ce, kafin rana ta take bango ya kai kafaɗa, sai dai in aka tsaya a kusurwa aka kanne ido ɗaya za a ga kamar maciji ne ya ja igiyar. Ruwan farko na sauka kuma leburorinsa 'yan ci-rani su tattara su tafi shuka, shi ya rage daga shi sai baro.

Mai bulo

Buhun siminti kilo 50 ne ko na Dangote ne, ko BUA, ko Ashaka. Mai tsoron Allah yakan fitar da bulo mai inci tara talatin da 'yan kai daga buhu guda, ya yi ta ba shi ruwa kwanaki kafin ya sayar. Wannan bawan Allah kuwa ya gano cewa buhu na iya haihuwar hamsin in an lallaɓa shi da yashi. Bulonsa yana da kyan gani, ga araha, amma ba ya son a gaisa da ƙarfi. Ana saukewa daga mota ana jin kamar ana zubar da garin kwaki. In aka nuna masa tarin ɓaraguzai sai ya ce laifin masu lodi ne. Araha dai ba ta ado.

Direban tifa

Da asuba yake zuwa, lokacin da babu mai ganin ko motar cike take. Ya juye yashin daidai ƙofar maƙwabci, ya tafi. Sanadinsa mai gini ke fara sanin maƙwabcinsa, kuma ba da sallama mai daɗi ba.

Ƙanin Alhaji

Wannan ana samunsa ne inda mai gidan ke aiki a Abuja ko Legas ko Jidda, ya ce bare ba zai riƙe masa amana ba, gara ɗan'uwa. Aikinsa biyu: karɓar kuɗi da tura hoto ta WhatsApp. Hotunan duk daga kusurwa ɗaya ake ɗaukarsu, wadda aka yi wa filasta.

Babbar garkuwarsa ita ce kalma huɗu, "Yaya, siminti ya tashi," kuma abin haushin shi ne sau da yawa gaskiya ya faɗa. A watan Fabrairun 2024 buhu ya haura naira dubu goma a kasuwanni, har gwamnatin tarayya ta kira kamfanonin siminti zama a Abuja aka tsayar da dubu bakwai zuwa takwas. Labarin tashin ya isa kunnen Yaya a ranar da abin ya faru. Labarin sauka kuwa bai taɓa samun hanyar waya ba. A tsakanin nan ƙanin ya canza babur, ya canza waya, kuma a wata unguwa can gefen gari wani ɗan fandisho mai ɗaki biyu yana tasowa a hankali, da bulo mai kama da na Alhaji kamar an tsaga kara. Ranar da gaskiya ta fito, Hajiya babba ce ke yanke hukunci: "Haba, ɗan'uwanka ne fa. A bar maganar."

Maigadi

An ɗauke shi ya tsare siminti, shi kaɗai da tabarma da tocila. Bayan wata uku akwai mata, da yara huɗu, da akuya a ɗaure a ɗakin baƙi. Kuɓewa ta yi kyau a inda za a yi falo. Shi kaɗai ne a duk tawagar ba ya gaggawar a gama ginin, kuma shi kaɗai ya san wanda ya fita da buhu biyu ranar Juma'a, sai dai ba a tambaye shi ba.

'Yan "da ni ne"

Ba su da bulo ko ɗaya a ginin, yawancinsu ma haya suke. Da yamma suke zuwa, hannu a baya, su zagaya. "Da ni ne, ƙofar nan gabas za ta kalla." "Wannan sokawe ya yi kusa da rijiya." "Ba za ka fitar da shago biyu a gaba ba?" Wani lokaci maganar sokawen gaskiya ce, amma tana zuwa ne a cikin buhun shawara arba'in, kuma bayan an riga an rufe ramin.

Uwargida

Sau ɗaya aka kai ta, bayan an ɗaura linta, don ta sa albarka. Ta shiga ta fita, ta tsaya a wani ɗan lungu ta ce, "Nan ne makewayi?" Aka ce kicin ne. Ta tambayi ina sito, ina wurin shanya, ina za a girka tukunyar suna, ta wace ƙofa mata za su shiga in falon maza ya cika. Babu amsa ko ɗaya, domin falon Alhaji ya cinye rabin fulotin. Washegari aka kira Malam Gobe da guduma.

Masu gamawa

Mai wayarin da mai famfo ba sa bayyana sai filasta ta bushe, sannan su zo da kurfi su bi bangon da sara. Mai tayil, wanda ake alfahari da cewa daga Kwatano ko Togo aka ɗauko shi, zai aza ma'auninsa a ƙasa ya yi tsaki. Mai fenti zai shafa bango ya girgiza kai. Kowannensu da gaisuwa ɗaya yake buɗe aiki: "Alhaji, wa ya yi maka wannan?" Wanda ya yi ɗin yana wani kangon a daidai lokacin, yana yin tambayar nan a kan aikin wani.

Alhaji A-Fasa

Shi ne mai gidan, kuma duk waɗanda aka lissafa suna da nasu labarin a kansa. Ba ya yarda da kowa, don haka da kansa yake zuwa Ƙofar Ruwa sayen rodi, da kansa yake zuwa 'Yan Katako a Na'ibawa, ya ɓata yini guda da man mota don ya rage abin da bai kai kuɗin man ba. Zai yi rabin awa yana ciniki da lebura a kan naira ɗari biyu, sannan ya ba mai walda miliyoyi ya ƙera masa get mai zanen dawisu. Katanga da get ya fara gamawa, don masu wucewa su san ba wasa ake ba.

Duk ɗaurin auren da ya je a Nasarawa GRA, duk gidan Dubai da ya gani a Instagram, sai wani bango ya sha guduma. Tagar nan ta yi ƙanƙanta, a fasa. Falon nan a haɗe shi da wancan. A mayar da shi yadda yake a da. In kuɗi suka yanke ya ɗauke ƙafa wata takwas, ciyawa ta rufe yashi, sannan ya dawo ranar wata Asabar yana faɗan me ya sa aiki ba ya sauri.

A shekara ta huɗu mai gidan haya ya ƙara kuɗi, sai aka tare a haka. Ɗaki biyu da tayil, sauran da daɓen siminti. Labule ne a ƙofar kicin, wayoyin lantarki sun leƙo daga silin, mai garuwa na shigo da jarkoki takwas kowace safiya kafin a haƙa rijiyar burtsatse. Maigadi ya koma kangon da ke kallonsu, da akuyarsa. A saman dakin kuwa rodi guda goma sha biyu na tsaye suna tsatsa, uwargida ta ɗaura igiyar shanya a jikin biyu, kuma duk baƙon da ya zo barka sai Alhaji ya fita da shi tsakar gida, ya nuna masa sama da baki ya ce nan za a ɗora bene bayan Sallah.